Ƙwallo Ɗaya Tal ta Baldomero

A tashar jirgin ƙasa ta Zamora, wani dattijo ya ƙura ido ga tsohuwar rigar ƙwallon da ke jikin wata mata.

"Baiwar Allah, sunan Baldomero nake gani a rigar nan? Ɗan bayan nan da ya zaga kulob-kulob kamar mai talla?"

"Ya zaga, malam, amma a garinmu ya gama wasa."

"Ƙwallo ɗaya tal ya taɓa ci!"

"Ita ta haurar da mu rukuni na biyu. Da kai ya sa ta a raga, kamar tsawa!"

"Wane kai? Gwiwarsa ta buga, shi kansa bai sani ba."

"Kai a ina ka gani?"

Dattijon ya sosa ƙeya. "Ni ne golan."

Matar ta ƙyalƙyale da dariya. "Kai ne? Ranar nan duk garin muka faɗa maɓuɓɓugar ruwan dandali da kayan jikinmu, yadda aka saba in kulob ya haura. A cikin ruwan nan na ci karo da mijina. Yanzu har da jikoki!"

"To, ashe ba a banza ta wuce ni ba."

Ta raba burodinta biyu, ta miƙa masa rabi. "Ungo, gola. Wannan dai ka riƙe da kyau."