A Wanke Jan Fentin da Ke Jikin Ɗinyar Gwaggo Kande

Assalamu alaikum. Shugaban wannan taro kuma shugaban ƙungiyar raya gari, Malam Jatau. Ranka ya daɗe Mai Unguwa. Allah gafarta Liman. Iyayena, 'yan'uwana mata, jama'ar Tashar Gambo, ina gaishe ku. Ni ce Tasalla mai maɗi, kuma na gode da aka ba mace fili, ko da yake sai da aka sare itatuwa huɗu aka tuna muna da baki.

Na farko, kun ba baƙi masu gawayi ɗinyoyi bakwai na bakin fadama don a faɗaɗa kasuwa, kuka ce kun tambayi masu gonaki. Wane ne a nan bai san al'adar garin nan ba? Gona ta namiji ce, ɗinya ta mace. Ranar da mace ta yi haihuwar fari, surukarta ke nuna mata tata. Ana sayar da gona, ana jinginar da gona, ana rabon gadon gona, amma ba a taɓa haɗawa da ɗinyar ciki. Kun tambayi masu ƙasa, kuka tsallake masu itace. Wallahi raina ya ɓaci! Baƙi ba su da laifi, sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Na biyu, wai za a dasa mana itacen malaina a madadi. Haba jama'a! Wa ya taɓa dafa maɗi da malaina? 'Ya'yan ɗinya muke dafawa, ɗinkinta muke kwaɗawa a bazara kafin komai ya tsiro, furenta ke kiran zuma zuwa amyoyinku, ɓawonta ke tsayar da gudawa.

Saura uku, an shafa musu jan fenti, zarto zai dawo ranar Asabar. Ta tsakiya ta Gwaggo Kande ce, ga ta can zaune, ba miji ba ɗa, da ɗinyar nan take ci. Jiya na tarar da ita tana shafa fentin da hannu. Ta ce, "Ke Tasalla, wa ya sa wa ɗinyata lalle? Aure za a yi mata?" Na ce, "Gwaggo, yanka ne." Ta ce, "Jatau ne ya sa hannu? Ja'irin nan! Yana goye gudawa ta kusa kai shi lahira, ni na sassaƙo ɓawonta na jiƙa masa. Je ki duba, tabon na nan."

Na duba, Malam Jatau. Yana nan, daidai ƙarƙashin fentinka.

Ga ƙwaryar ruwa, ga soso, na ajiye gabanka. Hannun da ya shafa, shi zai wanke. In kuwa ba a wanke ba, Asabar a gindinta za a same mu, da tukwanenmu.

Allah ya shirye mu, Allah ya ba shugabanninmu kunya, Allah ya mai da kowa gida lafiya. Na gode.