Kyamarar Aro a Gonar Kawu

A tashar Lolo, kusa da iyakar Benin, wani saurayi mai shirya fim yana kai wa dattijuwar da ke gefensa kuka.

"Inna, jandarman Benin sunka karɓe man kyamara. Wai ban da izinin ɗaukar fim a ƙasarsu."

"Mi ya kai ka?"

"Gonar kawuna da ke can munka yi ɗauka. Tun ina yaro nike tsallakawa noma, ba wanda ya taɓa tambayata takarda!"

"Da fartanya kake zuwa, ɗana."

"Shi ya sa dole gwamnatocin nan su ƙulla yarjejeniyar fim! Rabin 'yan wasana mutanen can ne."

"Kafin su ƙulla fa?"

Ya sunkuyar da kai.

"Kyamarar ta aro ce. Mai ita na da aikin biki jibi."

"To, bar gwamnati tukuna. Je ka ɗauko kawunka, shi sunka sani."