Makullin Motar Mu'az

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Shugaban wanga taro Malam Gazali, wakiliyar hukumar ma'aikata Hajiya Halimatussa'adiyya, iyayenmu malamai, shugabannin ƙungiyar direbobi da masinjoji, jama'ar Gawon Nama maza da mata, ina gaishe ku gaisuwar girma.

Na gode da anka ba ni dama. Sunana Tambari, daga Ƙofar Taramniya. Na ga wasu sun fara murmushi, don sun san ni da tsokana. Ku yi haƙuri, yau ban zo da abin dariya ba.

Maganata a kan Mu'az take, taubashina, ɗan ƙanen mahaifiyata, direban wata ma'aikata shekara goma sha tara. Wata huɗu ke nan da korar shi, kuma ni ne sila.

Kun san wasan taubasai na watan Muharram. Ranar na shiga zaurensu, rigarshi tana rataye, na zare makullin motar ofis na jefa cikin tulun Inna, mahaifiyarshi. Niyyata ya yi gumi na rabin awa in fiddo mashi. Sai tafiya ta kama ni zuwa kasuwar Achida, waya ba caji, na manta. Daraktan da Mu'az ke tuƙawa ya rasa jirgi. Bayan kwana uku anka miƙa ma Mu'az ambulan.

Abu na farko, ya shugaba. An karanta mana ɗazu cewa kafin a kori ma'aikaci sai an ba shi takardar tuhuma, sai an ba shi kwanaki ya amsa, sai kwamiti ya zauna ya ji bakinshi. To cikin ambulan ɗin Mu'az takarda biyu ne: ta tuhuma da ta kora, kwanan wata guda, sa hannu guda. An tambaye shi, an kuma yanke mashi hukunci, duk kafin ya warware ninkin takardar. Sun rubuta wai ya ba da motar gwamnati haya. Motar tana nan inda ya aje ta, kowa ya gan ta, ba wanda ya duba.

Na biyu, shaida. Ni ban yi boko ba, allo na yi wurin Malam Jelani. Na zauna na rubuta abin da na aikata da ajami, ban rage komai ba, na kai ofishin hukumar ma'aikata da ƙafata. Mai gadi ya tsayar da ni. Da na samu shiga karo na uku, magatakarda ya riƙe takardar da yatsu biyu, ya ce, "Malam, wagga laya ce ko rubutun sha? Ba ta shiga fayil." Sunka yi dariya. Na sha sa mutane dariya a garin nan, ranar na san ɗacinta.

Jama'a, a Sakkwato muke. Da wanga rubutu kakanninmu sunka yi shari'a, da shi sunka aika wasiƙu, da shi sunka tsare haƙƙin marayu. Yau mai laifi ya kawo kanshi da shi, an ce ba ya shiga fayil.

Malam Jelani ya buge ni ba adadi, kuma mafi yawa na cancanta. Amma bai taɓa ɗaga dorina ba sai ya tambaye ni abin da ya faru, ya kuma kira wanda ya gani. Abin da malamin zaure ya kiyaye a kan yaro, ya za a yi hukuma ta kasa kiyaye shi a kan magidanci mai 'ya'ya shida?

Ban ce kada a hukunta kowa ba. In barin riga a zaure sakaci ne, a gaya mashi, ya amsa. In laifi nawa ne, ga ni. Abin da nake roƙo, Hajiya, kwamitin ɗaukaka ƙara zai zauna ranar Alhamis, kuma daga shi ba wata ƙofa. A kira Mu'az ya tsaya da bakinshi. A kira ni. In ajamina ba ya karantuwa gare ku, akwai malamai ashirin a wanga zaure da za su karanta maku shi a tsaye.

Tun muna yara ni da Mu'az ba mu taɓa haɗuwa ba mu zagi juna ba. Yanzu in mun gamu a masallaci sai ya ba ni hannu, ya tambaye ni lafiyar gida, ya wuce. Matarshi Wasila ta daina amsa sallamata, kuma ban ga laifinta ba.

Ranar Alhamis da ƙarfe takwas ina bakin ƙofarku. Mai gadin ya san ni.

Allah Ya sa wanga taro ya zama sanadin gyara. Allah Ya ba masu riƙe da alƙalami tsoronShi, Ya sa su ji kafin su yanke. Allah Ya maida kowa gida lafiya, Ya maida Mu'az bakin aikinshi.

Na gode.