Butar Yaya Sani

Assalamu alaikum Malam mai gabatarwa, barka da aiki. Ni ce Hajara daga Ƙofar Gayan, cikin birnin Zariya.

Yayana Sani dā yana Kaduna, yana zanen barkwanci a wata jaridar Hausa. Ranar da ta fito, dattawan unguwarmu da ba su yi boko ba har rububinta suke yi. Shi ya zana ƙaton takalmin soja ya take masu layin kananzir, kowa ya ce abin da ke ransa ke nan.

Ba ya sa sunansa, sai dai ya zana 'yar buta a ƙasan zanen. Da ita Innarmu take gane yana lafiya.

Tun zanen takalmin nan, wata bakwai ke nan, babu zane, babu buta. An ce ya bar Kaduna. Har yau Inna tana aikawa a sayo jaridar, ta duba ƙasan kowane shafi, ta ninke ta ajiye.

Yaya Sani, in kana saurare, ba mu ce ka dawo ba. Ka zana butar kawai ka aiko.