Ni Na Share wa B-52 Hanya

Bismillahir Rahmanir Rahim. Tsira da aminci su tabbata ga Annabin rahama, da alayensa da sahabbansa.

Mai girma shugaban taro, dattijon Hausawan unguwar Mansur ta nan Makka, Alhaji Abdulilah. Malamanmu masu daraja. Iyayenmu mata da ke bayan labule suna jina ta lasifika. 'Yan'uwa da suka taso daga unguwannin Jarwal da Utaibiyya, da waɗanda suka sha hanya daga Jidda. Samari da 'yan mata, masu jin Hausa da waɗanda sai an juya musu da Larabci. Jama'a baki ɗaya, assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu.

Ina gode wa Allah da ya nuna mini wannan yini da raina da hankalina. Ina gode wa shugaba da ya karɓi gayyata, ina gode wa matan da suka wuni a kan tukwane, ina gode muku da kuka bar shagunanku kuka zo taya 'yata Khalida murnar gama karatun injiniyan jiragen sama. An ce in yi godiya ta minti biyar a matsayina na uba. Shugaba, ka yi haƙuri ka kife agogon nan. Shekara talatin da huɗu nake jiran a ba ni lasifika, yau kuwa ta shigo hannuna, wallahi ba zan sake ta da wuri ba.

Ni ne Mukhtaru ɗan Hadi, haifaffen Jarwal, jikan mutumin da ya tako daga Haɗeja da ƙafarsa. Amma yawancinku ba da wannan suna kuka san ni ba. Mai Inji Takwas kuke ce mini, kuma ba yabo ba ne. A Mansur idan yaro ya shara ƙarya, sai a ce masa, "Halas, shi ke nan, kai ma ka zama Mai Inji Takwas." Yau zan gaya muku inda sunan ya samo asali, in kuma karɓi nawa na gaskiya.

A shekarar 1411, wato 1991, lokacin yaƙin Kuwait, ina aiki da wani kamfanin tsafta a filin jirgin Jidda. Motar shara nake tuƙawa, mai manyan burushi a ƙasa, ina share titin da jirage ke sauka. Wata rana da hantsi shugaban aikinmu ya ce a share sau biyu, kada a bar ko tsakuwa kamar ƙwallon dabino, domin baƙin da za su zo injinansu kusa da ƙasa suke. Na share, na koma gefe, na kashe mota. Sai na ji ƙasa tana rawa, na ɗaga kai na ga hayaƙi baƙi ƙirin yana tahowa daga bakin teku. Ya jama'a, na ga jirgin yaƙin Amurka da ake kira B-52, na gan shi da idon nan nawa, na yi makonni ina share masa hanya. Da yaƙi ya ƙare na dawo Makka na zauna a majalisar shayi na faɗi abin da na gani. Daga ranar na zama maƙaryaci.

To, bari mu bi maganganun nan ɗaya bayan ɗaya, ga Khalida nan da takardar shaidarta, in na kuskure ta gyara mini.

Na farko, na ce inji takwas gare shi, biyu-biyu a rataye, huɗu a kowane fiffike. Alhaji Salihu tela, abokina tun muna yara, ga shi can a sahu na biyu, ya ajiye kofinsa ya ce, "Ya shehi, motar Jidda inji ɗaya gare ta tana kai mu. Jirgin alhazai huɗu. Wannan naka mai takwas, duniyar wata za shi?" Aka bushe da dariya har mai shayi ya ƙone hannu. Khalida, nawa ne? Kun ji ta daga bayan labule. Takwas ne, Alhaji Salihu, takwas cif, jiya takwas, yau takwas.

Na biyu, na ce faɗin fukafukansa ya haura mita hamsin, kuma idan an cika su da mai sai su sunkuyo, har an yi musu 'yan tayoyi a can ƙarshe don kada su shari ƙasa. Na ce idan iska tana bugunsa daga gefe, sauka yake a karkace, hancinsa na kallon wani wuri, tayoyinsa na kallon titi, domin an ƙera su yadda za su juya. Na ce idan ya taɓa ƙasa laima ce ƙatuwa take buɗewa a wutsiyarsa ta rage masa gudu. A kan laimar nan wani ya tambaye ni ko jirgin tsoron ruwan sama yake. Duk ukun suna cikin littattafan da 'yata ta ci jarrabawa da su.

Na uku, wanda ya fi jawo mini zagi. Na ce ba sai ya sauka ba yake shan mai. Wani jirgi ne yake zuwa ta samansa ya zuro masa bututu suna cikin gudu. Ko ba a ba shi ba, yana cin kilomita dubu goma sha huɗu da mansa, yana iya ɗaukar kaya wajen tan talatin. A ranar farko ta yaƙin nan wasu sun taso daga Amurka, suka zo yankinmu, suka koma gida ba su taɓa ƙasa ba, awa talatin da biyar a sama. Tun a 1957 ma guda uku suka kewaye duniya gaba ɗaya ba tare da sauka ba. Awa talatin da biyar, jama'a! Mu nan daga Makka zuwa Madina sai mun tsaya sau biyu.

Tarihinsa kuwa Khalida ce ta koya mini, domin ni da ido na san shi, ita da ilimi. Kafin shi an yi B-29, wanda ya jefa bam ɗin nukiliya a Japan a 1945. Aka yi B-36, mai farfela shida da injin jet huɗu. Da wannan na gani, da Mai Inji Goma za ku ce mini. Shi B-52 ya fara tashi a 1952, na ƙarshensu an ƙera shi a 1962, shekarar da aka haife ni, kuma har gobe suna aiki, ana ma shirin sauya musu injina su ƙara wasu shekaru masu yawa. Ni gwiwata ta gaji, shi bai gaji ba. Bayansa aka yi B-1 mai naɗe fukafukai idan zai yi gudu, aka yi B-2 wanda ba shi da wutsiya sam, fiffike ne zalla, an ƙera shi yadda na'urar hango jirage za ta sha wuyar ganinsa, mutum biyu kacal ke tuƙa shi. Alhamdu lillahi da ba shi ya sauka a Jidda ba. Da na dawo na ce na ga jirgi marar wutsiya, da ruƙiyya za ku yi mini.

Ina so a fahimce ni, musamman malamai. Ban tsaya a garin Allah don in yabi bam ba. Jiragen nan da nake share wa hanya suna tashi da nauyi su dawo wayam, kuma na san a kan 'yan Adam aka sauke abin, masu iyaye, masu 'ya'ya. Na sha kasa cin abinci saboda wannan, har yau ina neman gafarar Allah. Abin da ya kama zuciyata shi ne hannun da ya ƙera, da hannuwan da suke kwancewa suna ɗaurawa shekara saba'in ba su bar ƙarfe ya mutu ba. Wannan ilimi nake so wa 'ya'yanmu, su kai shi kan jiragen da ke ɗauko alhazai.

Kuna dariya yanzu, ni ma ina yi, amma abin ya yi mini ciwo. An taɓa zama ɗaurin aure a masallacin unguwarmu, liman ya nemi shaidu, na matso. Alhaji Salihu ya ce, "A samo wani, kada a ce a sama aka ɗaura auren." Wasa yake yi, na sani, amma aka yi dariya, kuma aka samo wanin. Na koma gefe na zauna kamar baƙo. Mutum a garin nan ba shi da abin da ya wuce maganarsa, ni kuwa tawa ta zama abin wasan yara. Da wayoyi suka zo na nuna muku hoton jirgin, kuka ce to akwai shi, amma me ya nuna mai shara ya taɓa zuwa kusa da shi? Khalida tana 'yar shekara tara ta dawo daga makaranta tana kuka, an ce mata 'yar maƙaryaci. Ta tambaye ni, "Baba, da gaske ka gan shi?" Na ce na gan shi. Ta ce, "Tayyib," wato to, na ji. Ashe ta ƙulla abin a ranta.

Akwai magana ɗaya da na faɗa muku sau ɗaya tak, dariya ta yi yawa, ban sake ba. Na ce fatar jirgin, can gaba kusa da matuƙa, tana da tamoji kamar goshin tsoho. Wannan ba a ganinsa daga nesa, sai wanda ya tsaya a gindinsa rana ta haska gefen. A kan tamojin nan Khalida ta rubuta aikinta na ƙarshe. Ta nuna da lissafi yadda siririyar fatar ƙarfe take yamutsewa saboda nauyin da gangar jirgin ke ɗauke da shi, ba tare da ƙarfinsa ya ragu ba. Malamanta suka tambaye ta inda ta samo wannan tunani. Ta ce, "Babana ya gani a Jidda, yana kan motar shara." Ga littafin nan a kan tebur, sunana yana shafin farko, Mukhtaru ɗan Hadi, babu wani laƙabi a jikinsa.

Alhaji Salihu, shekaranjiya Khalida ta je shagonka ta zauna ta fassara maka shi shafi-shafi. Ban ce ka ba ni haƙuri ba, mun wuce nan. Kalma ɗaya nake so, a gaban mutanen da suka yi dariya. A miƙa masa lasifika. A'a, zauna abinka, ƙafarka ba ta da lafiya. To, ya ƙi, ya tashi.

Kun ji shi? Na bayan labule, kun ji? Ya ce, "Mukhtaru bai yi ƙarya ba. Mu ne ba mu gani ba, muka zalunce shi." Allahu akbar! Allahu akbar! Zauna, Salihu, zauna, share idonka kada ka sa ni ma in fara. Na yafe maka duniya da lahira, na yafe wa majalisar shayi gaba ɗayanta, har waɗanda suka riga mu.

Ya Allah, ka yi wa wannan taro albarka. Ka ƙara wa shugabanmu lafiya, ka ƙara wa malamanmu haske. Ka sa hannun Khalida ya zama sanadin saukar matafiya lafiya, kada ka sa shi cikin abin da zai zubar da jini. Ka jiƙan waɗanda wuta ta sauko musu daga sama a kowace ƙasa, ka kawar da yaƙi daga kan bayinka. Ka tsare wannan gari da mazaunansa da baƙinsa, ka mayar da kowa gidansa lafiya.

Ya Allah, ka jiƙan Ruƙayyatu, mahaifiyar Khalida, wadda muka kai makwancinta bara. Ita kaɗai ce a Makka ba ta taɓa neman hujja a wurina ba. Na faɗa mata sau ɗaya, ta ce ta yarda, ta ci gaba da tankaɗen garinta. Da a ce yau tana bayan labulen can, da kun ji guɗa.

Na gode.