Mai Gadin Waƙoƙin Sjoerd

A zauren gyara kyauta na unguwarmu a birnin Groningen na ƙasar Holland, wata tsohuwa rungume da kwamfuta ta zauna kusa da wani dattijo mai rediyo.

"Me ya sami kwamfutar?" in ji dattijon.

"Waƙoƙin da marigayi mijina Sjoerd ya saya ne suka ƙi tashi. Shara kawai na yi mata, yadda nake wa gida in sanyi ya wuce. Na ga wasu fayiloli masu suna kamar lambar mota, na goge."

"Kash, baiwar Allah! Ai masu gadi kika kora. Su ke tabbatar da cewa sayen waƙar aka yi kafin ta buɗe."

"A gidana? Ni ce ɓarauniyar?"

"Ba su san ki ba, izini suka sani. Ana iya mayar da su, amma in kantin da ya sayar masa da waƙoƙin ya rufe, sai addu'a. Waƙoƙin da daɗi?"

"Ina! Hayaniya zalla. Shekara arba'in ina ce masa ya rage ƙara."

"To, ai kin huta."

"Hutun ne ya koro ni nan, malam. Gidan ya yi shiru da yawa."