Rogo Ya Cinye Mana Filin Ƙwallo

Assalamu alaikum Malam mai gabatarwa, barka da aiki. Sunana Sabi'u, golan ƙungiyar ƙauyenmu da ke kusa da Zakirai.

Makon jiya ka ba da labarin ɗan ƙwallon Sifaniyan nan da ya yi ritaya, wanda bai gudu ba ko da kulob ɗinsa ya faɗa ƙaramin rukuni. Wallahi kamar da ni kake.

A gonar Baba Audu muke buga wasa in an cire amfani. Bana sai ya shuka rogo, rogo kuwa har rani yana ƙasa. Na je roƙo, ya ce, "Sabi'u, ƙwallo zan ci?" Da gaskiyarsa.

'Yan wasanmu suka koma Minjibir. Ni ma an kira ni, na ce babu inda za ni. Mai unguwa ya ba mu wani fako mai ƙaya, mu huɗu muna ta sassabe.

Malam, yaya ake baje fako babu tarakta? Ka gai da waɗanda suka tafi, ka ce ranar Asabar akwai gayya. Kowa ya zo da fartanya, takalmin ƙwallo sai daga baya.